Alhassan Ɗantata: Madugun goro da gyaɗa da gidan da ya bari a Sarari

A ranar 17 ga watan Agustan 1955 ne Allah Ya yi wa Alhaji Alhassan Ɗantata rasuwa a birnin Kano, yana da kimanin shekara 78 a duniya. A lokacin ana lissafa shi a matsayin wanda ya fi kowa dukiya a cikin ƴan ƙasa na Afirka ta Yamma. An yi masa sutura aka binne shi a cikin gidansa da ke Sarari, unguwar da ya tarar fili ce fetal lokacin da ya kafa tubalin farko a cikinta.

Baƙon da ya je Kano yawon buɗe ido, wuraren da aka saba kai shi sanannu ne: Dutsen Dala, kasuwar Kurmi, marinar Ƙofar Mata, ƙofar fadar sarki, Gidan Makama wanda aka mayar gidan adana kayan tarihi, sai Gidan Ɗan Hausa inda Baturen nan Hanns Vischer ya zauna. Gidajen tarihin da ke cikin wannan jeri, na sarakuna ne ko na Turawan mulki. Gidajen fatake da attajirai, waɗanda da kuɗinsu da jakunansu da raƙumansu Kano ta yi suna tun daga Tarabulus har Kumasi, ba su cika shiga lissafi ba. Tarihin Ɗantata kuwa ya isa ya nuna irin abin da ake tsallakewa.

Yaron da Tata ta raina

An haife shi a shekarar 1877 a Bebeji, garin fatake da ke kudu da birnin Kano. Danginsa Agalawa ne, mutanen da asalinsu ya fito daga arewa, wajen ƙasar Azbin, suka zauna a ƙasar Katsina, daga baya suka bazu zuwa ƙasar Kano. A ƙarni na 19 Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari su ne suka riƙe fataucin goro tsakanin ƙasar Hausa da Gwanja. Mahaifinsa Abdullahi madugu ne, wato shugaban ayari, mahaifiyarsa kuma, wadda aka fi sani da Amarya, ita ma ƴar kasuwa ce mai jarin kanta.

Aikin madugu ba ƙarami ba ne. Shi ke tsayar da ranar tashi, shi ke sasantawa da sarakunan hanya kan kuɗin fito, shi ke raba gardama tsakanin fatake, kuma idan ƴan fashi suka tare ayari shi ake duba. Ayari kan tashi da tufafin rini, da kanwa, da kayan fata, da gabu, ya ratsa Nufe ko Yawuri, ya haye Kwara, ya bi ta Bargu har Salaga. A can ake ɗaure huhunan goro a juyo. Zuwa da dawowa kan cinye watanni da yawa, wani lokaci kusan shekara, kuma goro kaya ne mai son kulawa: sai an riƙa kwance shi ana tsince wanda ya lalace, ana yayyafa masa ruwa, in ba haka ba a iso gida da asara.

Alhassan bai daɗe a inuwar mahaifinsa ba. Madugu Abdullahi ya rasu wajajen 1885, yaron bai kai shekara goma ba. Mahaifiyarsa ta tashi ta koma Ankara, babban birnin Gana na yau, inda ta ci gaba da kasuwancinta a cikin Hausawan zango, ta bar ƴaƴanta a hannun wata tsohuwar baiwa ta gidan mai suna Tata. Daga nan ne sunan ya samo asali. Attajirin da ya fi kowa kuɗi a zamaninsa, da zuriyarsa har yau, ba da sunan madugun da ya haife shi ake kiransu ba, da sunan baiwar da ta raine shi ne.

Ya yi karatun allo a Bebeji, ya yi rayuwa irin ta almajirai, yana ƴan ƙananan saye da sayarwa don ya ci da kansa. Masu ba da tarihinsa sun ruwaito cewa Tata ta saya masa asusu na ƙasa, aka gina shi a jikin bangon ɗaki, yana jefa abin da ya samu a ciki, kuma shekaru da dama bayan rasuwarsa ana nuna wa mutane wannan asusu. Da ya ɗan tasa, wajen shekara 15, ya bi wani ayari har Ankara don ya ga mahaifiyarsa. Wanda ya yi tsammanin za ta rungume shi ta zuba masa jari bai san matan fatake na wancan zamani ba: ta haɗa shi da wani malami ya ci gaba da karatu, yana aiki yana neman abincinsa, daga bisani ya dawo Bebeji.

Dawowarsa ta zo daidai da mummunan lokaci. Bayan rasuwar Sarkin Kano Muhammadu Bello a 1893, Yaƙin Basasa ya ɓarke tsakanin magoya bayan ɗansa Tukur da Yusufawa, aka shafe har zuwa 1895 ana zubar da jini. Agalawa da dama sun bi Tukur, kuma ɓangarensa ne ya sha kashi. An ƙwace dukiyoyi, an kama mutane. An ruwaito cewa Alhassan da ƴan'uwansa biyu, Bala da Sidi, suna cikin waɗanda aka kama, sai da aka fanshe su suka koma gida. Wanda ya ga yadda dukiyar gidan madugu ta watse cikin ƴan watanni, ba abin mamaki ba ne a ce ya tashi da taka-tsantsan da kuɗi da kuma da masu mulki.

Hanyar teku

A watan Fabrairun 1903 sojojin Ingila suka ci Kano. A cikin wannan shekara aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi, sauran mabiyansa suka ci gaba da hijira zuwa gabas, har suka kafa garin Mai Wurno a bakin kogin Nilu a Sudan. Tsararrakin Alhassan da yawa wannan hanya suka bi, jikokinsu na nan a Sinnar da Gadarif da sauran garuruwan gabashin Sudan. Shi kuwa kudu ya fuskanta.

Kasuwar Salaga ta riga ta durƙushe tun bayan yaƙin da ya ci garin a 1892, cinikin goro ya karkata zuwa Kumasi da garuruwan bakin teku. Alhassan ya san waɗannan wurare tun yana yaro, yana kuma da uwa a Ankara. Wajajen 1906 ya fara ɗora goronsa a jirgin ruwa daga Sakandi da Ankara zuwa Ikko, daga nan a yi arewa da shi. Yana cikin ƴan Arewa na farko da suka yi haka. Lissafin a fili yake: tafiyar da ke cin watanni ta koma ta makonni, goron da ke lalacewa a hanya ya ragu, kuɗin fito na sarakunan hanya ya fita daga ciki, kuma jarin da a da ake juya shi sau ɗaya a shekara yanzu ana iya juya shi sau da yawa. A kan hanyar dawowa kuma yakan haɗo da duwatsun wuya da yadudduka na Turai.

Har zuwa wannan lokaci Bebeji ne gidansa. In ya shigo Kano, wurin fatomansa yake sauka kamar kowane falke.

Jirgin ƙasa da gyaɗa

Layin dogo ya iso Kano a 1911, aka buɗe shi ga ƴan kasuwa a 1912. Turawan mulki auduga suka sa wa rai, domin masaƙun Lankasha na neman ta. Manoman Kano kuwa suka yi nasu lissafin. Masana'antun Turai sun gano yadda ake daskarar da man tsirrai a yi man shafa wa burodi da sabulu, farashin gyaɗa ya yi sama, ga shi gyaɗa ana iya shuka ta tare da gero da dawa, in kuma shekara ta ɓaci a ci abinta. Auduga ba ta ciyuwa. A kakar 1912 gyaɗa ta cika tashar Kano har jirgin ya kasa kwashewa, kuma yunwar da ta biyo baya a 1913 zuwa 1914 ta ƙara nuna wa manomi amfanin shuka abin da zai iya sa wa a baki.

Kamfanonin Turawa suna da kuɗi da sikeli, amma ba su san ƙauye ba, ba su jin harshe, ba su san wanda za a ba bashi ya biya ba. Dole suka nemi manyan fataken goro irin su Umaru Sharubutu na Ƙoƙi da Maikano Agogo, waɗanda ke da yara a kowace kasuwa. A cikin wannan yanayi ne Alhassan ya tattaro ya dawo Kano da zama, ya gina gidansa a Sarari da ke maƙwabtaka da Ƙoƙi. A 1918 Kamfanin Neja ya nemi ya riƙa saya masa gyaɗa. Bai fara da wuri kamar sauran ba, amma kafin 1922 ya riga ya wuce su duka.

Yadda abin ke tafiya shi ne, kamfani ya ba shi kuɗi tun kafin kaka, shi kuma ya rarraba wa yaransa, su bazu ƙauyuka da kuɗi da gishiri da yadi, su ba manoma, in an yi girbi a biya da gyaɗa. Jakuna da raƙuma su kwaso zuwa Kano. Babu takardar yarjejeniya tsakaninsa da mafi yawan waɗannan yara. Amana ce, da sanin asali, da auratayya, da kuma tsoron kada maigida ya janye hannunsa. Tsarin fataucin goro ne aka ɗauko sukutum aka ɗora wa gyaɗa. Matarsa Umma Zariya ita ma tana da nata reshen, tana ciniki da matan kulle a cikin gidajen da namiji ba ya shiga.

Ba kowa ne ya ji daɗin wannan tsari ba. Manomin da ya karɓi kuɗi da bazara, lokacin da rumbu ya yi ƙasa ga haraji na jira, ba shi da bakin yin ciniki da kaka. Farashin kuma ba a Kano ake yanke shi ba. Da kasuwar duniya ta rushe a 1929, gyaɗa ta faɗi warwas, ƙananan dillalai da yawa suka karye, haraji kuwa bai sauka daidai da faɗuwar ba. Kaso mafi tsoka na ribar Ingila yake tafiya, musamman bayan da aka haɗe manyan kamfanoni aka kafa UAC a wannan shekara. Ɗantata ya yi arziki ne a cikin gidan da wasu suka gina don kansu. Gwanintarsa ita ce ya zama ginshiƙin da ba su iya cirewa.

Ana cewa a 1929 ɗin dai ne labarin da ya fi yaɗuwa game da shi ya faru: ya kai ajiyar kuɗin azurfa kayan raƙumi 20 a reshen bankin Turawa na Afirka ta Yamma da ke Kano. A lokacin da mafi yawan attajirai ke binne kuɗi a tukwane ko su zuba su cikin shanu da tufafi, wannan mataki ne da ya ja hankali.

Da sunansa ake danganta dalar gyaɗa, wato jera buhuna a yi tsauni da su, wanda ake cewa guda ɗaya kan ci buhu dubu 15. Hotunan dalar sun zama alamar arzikin Arewa har a jikin takardun kuɗi da kan sarki na wasiƙa. Sai dai dalilin tara su bai kai hoton daɗi ba: jirgin ƙasa ne ya kasa kwashe amfanin gona a kan lokaci, musamman bayan Yaƙin Duniya na Biyu, gyaɗa ta riƙa kwana a fili tana jiran tarago. Cikin buhunan nan kuwa har da na ƙasar Damagaram da Maraɗi, domin ta Kano gyaɗar Nijar ke bi zuwa teku kafin Faransawa su buɗe mata hanyar Kwatano a shekarun 1950. Alhazan Maraɗi na farko a wannan kasuwa suka yi ƙarfi.

Hajji ta ruwa, hajji ta ƙasa

A farkon shekarun 1920 ya sauke farali, kuma ta jirgin ruwa ya tafi; tarihin iyalin ya nuna cewa a wannan tafiya ya biya ta Ingila. A zamanin, talakan ƙasar Hausa da ƙafa yake zuwa Makka. Ya ratsa Barno da Wadai da Darfur, ya tsaya ya yi ƙodago, ya ƙara gaba. Wasu su shekara biyar, wasu goma, wasu kuma ba su isa ba, ba su koma ba. Tun kafin zuwan Turawa irin waɗannan matafiya, da ake kira Takari, suka zauna a Gallabat, kan iyakar Sudan da Habasha daura da Matamma, suka mayar da ita babbar kasuwa. Da aka buɗe gonakin audugar Jazira a 1925, hannun ƴan Afirka ta Yamma ya yi aiki mai yawa a cikinsu.

Ɗantata ya biya wa mutane da dama kuɗin hajji, amma ɗansa Mahmudu ne ya mayar da jigilar alhazai sana'a. A ƙarshen shekarun 1940 shi da abokansa suka kafa ƙungiyar jigilar alhazan Afirka ta Yamma, wadda aka taƙaita sunanta da WAPA, suna ɗaukar maniyyata a mota daga Kano zuwa Sudan. Sunan ya zauna: Wapa da ke Fagge, inda ƴan canji ke hada-hada a yau, daga nan ta samo shi.

Gidan attajiri

A Amurka akwai wani gari a bakin teku mai suna Newport, inda iyalan da suka yi kuɗi a zamanin bunƙasar masana'antu suka gina gidajen hutu. Mafi girma a cikinsu, The Breakers, mai ɗaki 70, na iyalin Vanderbilt ne, waɗanda su ma da jirgin ruwa da jirgin ƙasa suka yi arziki. An gama shi a 1895, shekarar da Basasar Kano ta ƙare. Tun 1948 aka buɗe shi ga masu ziyara, a 1972 wata ƙungiyar adana gine-ginen tarihi ta saye shi, kuma har yau mutane na biyan kuɗi ana zagayawa da su ɗaki-ɗaki, daga zauren cin abinci har madafar da barori suka yi aiki.

Gidan attajirin Kano wani abu ne daban, kuma wanda ya shiga da tsammanin ganin madubai da zinariya zai fito da ƙorafi. Ginin ƙasa ne na tubali, da rufin azara, da zankwaye a kan soro. Daga waje zaure ne, inda maigida ke zama da safe yana karɓar gaisuwa da lissafi. Bayan zaure akwai ɗakunan baƙi, domin gidan falke masauki ne. Sai ɗakunan ajiya, da turken dabbobi, da shigifa, sannan cikin gida inda baƙo ba ya wucewa. Gidan shi ne ofis, shi ne sito, shi ne banki, shi ne kuma makarantar da ake koyon kasuwanci. Girman mai shi ba a tsawon bene ake gane shi ba, a yawan takalman da ke ƙofar zaure ne da yawan akusan da ke fitowa da dare.

Shi kansa Alhassan an san shi da rashin almubazzaranci. Masu ba da labarinsa sun yi ittifaƙi a kan cewa ba ya son ado, yana cin abinci tare da yaransa, yana duba lissafi da kansa, kuma yana sa ƴaƴansa aiki kamar kowane bara. A shekarunsa na ƙarshe, lokacin da hukumar sayen amfanin gona ta karɓe cinikin gyaɗa daga hannun kamfanoni, ya samu lasisin saye da sunan kansa, ya kuma shiga cikin attajiran Kano da suka haɗa jari don kafa masaƙa ta zamani.

Akwai dalilan da suka sa irin waɗannan gidaje ba su cika daɗewa ba. Ginin ƙasa yana son yaɓe duk shekara. In aka yi damina biyu ko uku ba a taɓa shi ba, indararo ya toshe, azara ta jiƙa, soro ya zauna. Sannan ga rabon gado. Gidan da mutum ɗaya ya gina yakan zama na magada ashirin ko talatin, wannan ya ja katanga, wancan ya sayar da kasonsa, mai saye ya rushe ya yi shaguna. Unguwannin da ke kusa da Kurmi da Ƙofar Wambai da Kantin Kwari kuwa, kowane taku na ƙasa kuɗi ne. Su kansu jikokin attajirai sun fi son siminti da unguwannin bayan gari. Ko ganuwar Kano, wadda ke cikin jerin wuraren da Najeriya ta gabatar wa UNESCO tun 2007, ana ta cin ta da gine-gine, balle gidan da ba na hukuma ba. Agadas ta shiga jerin kayan tarihin duniya a 2013 da gidajenta na ƙasa, ciki har da na ƴan kasuwa, kuma a Damagaram baƙi na zagaya Birni da Zango suna kallon zanen bangon gidajen fatake. Kano ta fi su yawan attajirai nesa ba kusa ba.

Ɗantata ya san abin da rabon gado ke yi wa dukiya, domin ya gani a gidan mahaifinsa. Da ciwon ajali ya kama shi a 1955, ya tara ƴaƴansa da babban mai riƙe masa lissafi, Garba Maisikeli, ya yi musu wasiyya da su zauna tare, kada su bari kamfanin ya watse. An raba gado yadda shari'a ta tanada, amma kamfanin Alhassan Dantata & Sons ya ci gaba. Ahmadu ya jagorance shi har rasuwarsa a 1960, Aminu ya karɓa. Sanusi, wanda ya rasu a 1997, ya yi nasa suna a cinikin gyaɗa da sufuri, kuma ta wajen ƴarsa Mariya aka haifi Aliko Ɗangote. Dalar gyaɗa kuwa ta ɓace bayan farin shekarun 1970 da cutar da ta afka wa gyaɗa a 1975, lokacin da hankalin gwamnati ya riga ya koma kan man fetur.

Mai son bin sawun wannan tarihi da ƙafa ba ya bukatar mota. Daga Kurmi, inda ake kwance huhun goro, ya bi lunguna zuwa Ƙoƙi da Sarari, unguwannin da har yanzu zuriyar ke da gidaje da masallatai a cikinsu. Gidaje ne na mutane masu rai, sai da sallama da izini. Daga nan ya fita ta ƙofar gari zuwa Fagge, zangon baƙi tun zamanin ayarin raƙuma, ya ratsa Wapa da Kantin Kwari, ya ƙare a tashar jirgin ƙasa. Aminu Ɗantata, wanda aka haifa a 1931 ya kuma tashi a waɗannan lunguna, ya rasu ranar 28 ga watan Yunin 2025, aka binne shi a Madina.